Idan an tsare maka mutum a rikicin aure ko na dangi: yadda ake neman kotu ta sa a fito da shi

Jama'a akwai abin da ke faruwa a ƙauyukanmu na Kano da Jigawa da muke rufewa da cewa "ai maganar cikin gida ce", alhali a wajen doka tsare mutum ne ba bisa ƙa'ida ba. Miji ya garƙame ɗaki da kwaɗo ya ƙwace wayar matarsa don ta ce sai ya sake ta. Baffa ya kulle 'yar ɗan'uwansa har sai ta yarda da mijin da aka zaɓa mata. Dangin miji su zo su ɗauke jariri mai shan nono su hana uwar ko ganinsa. A kai saurayi gidan mari a sa masa ƙarfe a ƙafa wai don ya yi hankali. Ko kuma miji ya je caji ofis ya sa a kama surukinsa tsoho a jefa a sel, wai sai an fito masa da matarsa ko a dawo masa da kayan lefe.

Duk waɗannan akwai ƙofar da kotu ta buɗe musu. Lauyoyi na ce mata habiyas kofus, wato odar da alƙali ke ba wanda ke riƙe da mutum cewa ya kawo shi gaban kotu ya faɗi hujjar riƙe shi. Tushenta a kundin tsarin mulki na 1999 yake, sashe na 35 ya ba kowa 'yancin kada a tsare shi sai ta hanyar da doka ta yarda, sashe na 34 ya hana azabtarwa da wulaƙanci, sashe na 46 kuma ya ce wanda aka taka wa irin wannan haƙƙi ya tafi Babbar Kotu. Yau yawancin lauyoyi suna bi ne ta ƙa'idojin kare haƙƙin ɗan Adam na 2009 da Alƙalin Alƙalai na lokacin Idris Legbo Kutigi ya sa wa hannu, don sun fi sauƙi da sauri. Kuma ba gwamnati ko 'yan sanda kaɗai ake kaiwa ƙara ta nan ba, har miji da uba da kawu da mai gidan mari.

Kafin ka taka ko'ina, ka zauna ka tambayi kanka tsakaninka da Allah: shin tsare ta aka yi ko ita ce ba ta son fitowa? Nan ne wlh mutane da yawa ke asarar kuɗi da mutunci. Tambaya ɗaya ce tal alƙali zai duba, wato mutumin nan da son ransa yake zaune inda yake ko an hana shi fita ne. Toh matar da ta yi yaji ta koma gidan iyayenta da ƙafarta ba tsararriya ba ce, ko da kuwa uban ya ce ba za ta koma ba sai an zauna. In miji ya je ya rantse cewa surukai sun tsare masa mata, za a kawo ta, alƙali zai kalle ta ya ce baiwar Allah an hana ki fita ne, ta ce a'a ranka ya daɗe ni ce ba na son komawa, shikenan ƙara ta mutu, wani lokacin ma a ɗora wa mijin kuɗin ɓata lokaci, kuma bikon da da sai a yi shi cikin ruwan sanyi da dattawa biyu ya gagara har abada domin babu uban da zai manta cewa surukinsa ya tsayar da shi gaban alƙali. Babbar Kotu ba ta yi wa kowa biko. Ba za ta kama baligar mace ta miƙa wa miji ba.

Haka nan kullen aure da muka sani, mace na zaune gidan mijinta bisa yardarta tana fita unguwa da izini, 'yan'uwanta na shiga suna fita, wannan ba shi ake magana ba. Abin da ake magana shi ne an sa kwaɗo ta waje, an hana uwarta da ƙannenta shiga, an karɓe waya, ba ta da lafiya an hana ta asibiti, ta aiko da saƙo ta bakin yaro ko maƙwabciya cewa a zo a fitar da ni. Kuma ko a addini Allah Ya hana a riƙe mace don cutarwa, yana nan a Baƙara aya ta 231, don haka kada wani ya tsorata ku da cewa zuwa kotu saɓa wa shari'a ne.

Maganar yara ta ɗan bambanta. Sashe na 35 ɗin ya yarda a taƙaita zirga-zirgar wanda bai kai shekara 18 ba don tarbiyyarsa ko kula da shi, saboda haka uban da ya hana ɗansa yawon dare bai yi laifi ba. Amma ɗauri da mari da duka da horon yunwa ba tarbiyya ba ne, mun ga abin da aka tarar a Rigasa ta Kaduna da kuma Daura a 2019 lokacin da 'yan sanda suka fasa irin gidajen nan. In kuma rigimar a kan wa ya fi cancanta ya riƙe yaro ne bayan saki, asalin gidanta kotun shari'ar Musulunci, can ake maganar riƙo, kuma a mazhabar Malikiyya da kotunanmu ke bi uwa ce a gaba, sai kaka ta wajen uwa, sai 'yar'uwar uwa, kafin a gangaro ɓangaren uba, saɓanin al'adarmu ta cewa da an yaye yaro na uba ne. Inda odar fito da mutum ke shigowa shi ne in an fizge yaro da ƙarfi an ɓoye shi ba a san inda yake ba, musamman mai shan nono da ko kwana ɗaya ba zai jure ba.

In ka tabbatar tsarewa ce, abu na gaba ka fara tara shaida tun yau. Samu littafi ka rubuta ranar da aka kulle ta, a wane gida, wace unguwa, wane gari, wa ke riƙe da makulli, wa ya je aka kore shi da ranar da ya je. In ta turo saƙon murya ta WhatsApp kafin a karɓe wayar kada ka goge, kuma dan Allah kada ka watsa shi a guruf ko Facebook, watsawar nan ita ke sa a ɗauke mutum cikin dare a kai shi wani ƙauyen a ce ba a san inda yake ba. Ka nemi mutum ɗaya ko biyu da suka gani da idonsu kuma za su yarda su rantse. Maƙwabta da yawa za su ba ka labari a soro amma in aka ce kotu sai su zame, gara ka san na tsayawa tun da wuri.

Daga nan ka taɓa hanyar gida, amma ka sa mata wa'adi. Mai unguwa, dagaci, liman, waliyyin da ya ba da auren, ofishin Hisba na ƙaramar hukuma. Sau da yawa dagaci in ya aika aka kira mutum ƙofa na buɗewa a ranar, kuma ko ba ta buɗe ba ka samu shaidu masu nauyi cewa an nema an hana. Abin da ba na so shi ne a yi ta "a yi haƙuri, a bari bayan kasuwa, a bari hakimi ya dawo daga tafiya" har sati uku mutum na ɗaure. Kwana ɗaya zuwa biyu ya isa a gane ko sulhu zai yi aiki. In kuwa akwai duka ko ciki ko rashin lafiya ko barazanar kisa, babu jiran kowa, a tafi wajen DPO kai tsaye domin kulle mutum laifi ne a dokar Final Kod, 'yan sanda na da ikon shiga su fito da shi, kuma sun sha yin haka a Kano a 2020 lokacin da aka riƙa gano mutanen da danginsu suka kulle shekara da shekaru.

Idan kuma 'yan sandan ne ke riƙe da mutumin saboda wani ya kai ƙarar rikicin aure, ga abin da za ka riƙe a ka. Kundin tsarin mulki ya ce a kai wanda aka kama kotu cikin kwana ɗaya in akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu cikin kwana biyu. Dokar 'yan sanda ta 2020 sashe na 32 ta hana kama mutum a kan abin da ba laifi ba ne sai rigimar haƙƙi tsakanin mutum da mutum, kuma kuɗin sadaki da lefe da kayan ɗaki duk nan suka faɗa. Sashe na 36 ya hana kama wani a madadin wani, don haka ba a kama uba don 'yarsa ta gudu, ba a kama ƙane don wansa ya ɓuya. Beli kuma kyauta ne. Ka je da ladabi ka nemi ganin DPO, ka nemi beli a rubuce ka riƙe kwafi, ka rubuta sunan caji ofis da ranar kamu da sunan ɗan sandan da ke riƙe da kes ɗin. In an ƙi, takardar nan ita ce hujjarka ta farko a kotu.

Sai lauya. Doka ba ta hana ka shigar da ƙara da kanka ba amma gaskiya takardun da Turanci ake yinsu kuma kuskure kaɗan na iya sa a kore su, ka nemi lauya. In babu hali akwai hukumar ba da lauya kyauta ta tarayya wato Legal Aid Council, tana da ofis a Kano da Dutse, akwai Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa, akwai ƙungiyar lauyoyi mata FIDA da ta saba da irin wannan na mata da yara. Ka je da littafin nan naka, kada ka je da baki kawai.

Wace kotu? Nan ma ana ɓata kwanaki. Kotun majistare da kotun shari'a ta garinku ba su da hurumin wannan ƙarar ta sashe na 46, sai Babbar Kotun Jiha ko Babbar Kotun Tarayya, kuma a jihar da tsarewar ta faru. In 'yarka na aure a Gaya kai kana Jahun, Kano za a shigar ba Jigawa ba. A Kano Babbar Kotun Jiha na zama a sakatariyar Audu Bako da kuma Miller Road, a Jigawa akwai Dutse da rassa irin su Haɗeja, Gumel, Kazaure, Ringim da Birnin Kudu. In rigimar tsakanin dangi ce zalla ba hukumar tarayya a ciki, ta jiha ta fi dacewa, ta kuma fi kusa.

Takardun da lauya zai haɗa su ne takardar neman odar, da bayanin wanda ake nema wa da abin da ake roƙo da dalili, da takardar rantsuwa, da hujjojin doka a rubuce. Ƙa'idojin 2009 sun cire tsohon sharaɗin sai an fara neman izinin kotu, sun cire maganar wai lokaci ya ƙure, kuma sun yarda wani ya tsaya wa wanda ke tsare tunda shi ba zai iya zuwa ba. Uwa za ta iya, wa ko ƙane zai iya, ƙungiya ma za ta iya. Kuɗin shigarwa a rajistara ba mai yawa ba ne, duk abin da ka biya ka karɓi rasit.

Takardar rantsuwar nan ita ce ƙarar gaba ɗaya, domin yawanci ba a kiran shaidu su yi ta bayani da baki, abin da ke rubuce alƙali ke dubawa. Saboda haka ka zauna da lauya a tsanake. Abin da ka gani da idonka ka ce na gani. Abin da aka faɗa maka dole a rubuta wa ya faɗa maka, yaushe, a ina, kuma ka yarda da shi, haka dokar shaida ta 2011 ta tanada. Kada a cika ta da zagi da tarihin tun ranar ɗaurin aure, cewa mutumin banza ne danginsa ma haka suke, wannan ba ya taimakon kowa. Rana, wuri, wa ya yi, me ya yi, wa aka hana shiga. In ba ka karanta Turanci, haƙƙinka ne a karanta maka a fassara da Hausa kafin ka sa hannu ko ka dangwala, kuma a rubuta a ƙasa cewa an fassara maka da sunan tafintan. Kada kunya ta sa ka dangwala abin da ba ka ji ba, rantsuwa ce, ƙarya a cikinta laifi ne da ake ɗaure mutum a kai, ban da na Lahira.

Wani abu da zaka sa ido a kai: babban abin da ake roƙo ya zama a fito da mutum a sake shi. In aka cusa raba aure da rabon gado da kayan ɗaki suka zama su ne jigon ƙarar, lauyan ɗaya ɓangaren zai miƙe ya ce wannan ba maganar 'yancin ɗan Adam ba ce maganar aure ce, kotu ta ce ba huruminta, a koma farko.

In lamarin na gaggawa ne ka gaya wa lauya ya haɗa da roƙon gaggawa wanda alƙali ke ji tun kafin a sanar da ɗaya ɓangaren. Ƙa'idojin sun yarda da haka in rai ko 'yancin mutum na cikin hatsari, kuma a nan alƙali zai iya ba da odar a kawo mutumin ranar zama, ko a ba da belinsa in hukuma ce ke riƙe da shi, ko a hana a matsar da shi wani wuri. A rantsuwar gaggawar a faɗi dalili ƙarara, tana da ciki wata kaza, yana da ciwon suga ba ya samun magani, an ce za a ɗaura mata aure ranar Juma'a, an ce za a tsallaka da yaron Nijar. Ga mutanen Maigatari da Babura da sauran garuruwan bakin iyaka wannan na ƙarshen ba wasa ba ne, in aka tsallaka odar kotun Najeriya ba ta da ƙarfi a can.

Bayan an shigar sai kai sammaci. Ma'aikacin kotu ne ke kaiwa, ba kai ba, amma shi bai san ƙauyenku ba, bai san cewa mutumin da sunan Alhaji Ƙarami aka san shi ba da sunan katin zaɓe ba. A samu wanda zai raka shi ya nuna gida daga nesa, a zaɓi lokacin da ake samun mutumin, bayan Asuba ko ranar da ba kasuwa. Ƙararraki da yawa a nan suke kwanciya, a zo kotu a ce ba a kai takarda ba a ɗaga. In yana ɓuya lauya zai nemi izinin a liƙa a ƙofar gidansa ko a bayar ta hannun wani babba a gidan. Wanda aka kai ƙara na da kwana 5 ya ba da amsa a rubuce, kuma ƙa'ida ta ce a sa ranar sauraro cikin kwana 7 da shigarwa. A aikace yakan wuce haka in kotu na da cunkoso ko ana hutu, amma ko a hutun shekara akwai alƙalin da ake bari don irin wannan, lauyanka ya bibiyi rajistara kada ya zauna jira.

Ranar zama ku je da wuri, ku je da mace babba da wadda aka tsare ta yarda da ita, inna ko goggo ko yaya. Ku tuna yarinyar nan wata ƙila a mota ɗaya aka kawo ta da wanda ya kulle ta, an yi mata kashedi tun daga gida, an ce in ta buɗe baki an yafe ta. Lauya zai iya roƙon alƙali ya ji ta bakinta a ofishinsa ba a gaban jama'a ba, kuma a ba ta tafinta. Ku kuma ku shirya zuciyarku, tana iya cewa ita gidan mijinta za ta koma. In ta faɗa da bakinta ba tare da tsoro ba toh maganarta ce, ku bar ta, ku dai roƙi a rubuta cewa ba za a hana 'yan'uwanta ganinta ba. Kada ku yi hayaniya a harabar kotu, kada samarin gidanku su je da niyyar fizge ta, wannan sai ya mayar da ku masu laifi.

In alƙali ya gamsu tsarewa ce zai ba da odar a sake ta nan take, zai iya hana wanda ya tsare ta sake kusantarta da irin wannan, zai iya sa a biya diyya, sashe na 35 ma ya ambaci diyya da ba da haƙuri a bainar jama'a ga wanda aka tsare ba bisa doka ba. Tun kafin ranar ku yanke inda za ta kwana, gidan da ba za a biyo ta da dare ba, in da rauni a jikinta a wuce asibiti a karɓi takardar likita a ranar. Ku karɓi kwafin odar mai hatimin kotu, ku kai wa DPO na yankin ɗaya, dagaci ɗaya, ku ajiye ɗaya.

In wanda aka ba odar ya yi kunnen ƙashi ya ƙi kawo mutum ko ya ƙi saki, ba ku za ku je ku fasa ƙofa ba. Lauya zai koma kotu a fitar masa da fom 48 na gargaɗi, in ya ci gaba a bi da fom 49 a kira shi ya faɗi dalilin da ba za a tura shi gidan yari ba saboda raina kotu.

Sannan a sani fitowarta ba ta kashe aure ba, igiya na nan. In tana son rabuwa sai ta tafi kotun shari'ar Musulunci ta yankinsu ta nemi a raba saboda cutarwa, kuma odar Babbar Kotu da takardar asibiti za su tsaya mata a matsayin hujja, ko ta nemi kul'i ta mayar da sadaki in hujjar cutarwa ba ta isa ba. Maganar riƙon yara da ciyar da su da kwaso kayan ɗakinta duk a can za a yi, kuma ranar kwasar kayan a nemi kotu ta haɗa ku da ma'aikacinta da wakilin mai unguwa, a rubuta komai da aka ɗauka a gaban shaidu kowa ya sa hannu.